Taku Sittin da Huɗu

A zamanin da iska ke kawo baƙi ƙasar Hindu, su kuma jira ta wata shida kafin ta mayar da su gida, an yi wata masarauta a gaɓar tekun Malabar da ake kira Nelliwaram. Ba ta da faɗin ƙasa, ba ta da yawan mayaƙa, amma tana da bakin kogi mai zurfi inda jiragen Larabawa ke shiga su ɗauki masoro da citta. Ta wannan bakin kogin Musulunci ya shigo, ba a zare takobi ba. Fatake daga Hadramautu suka riƙa zaman jiran iska, suka yi aure cikin masunta, suka haifi 'ya'ya masu harshen uwa da addinin uba. Kakan sarkin da muke magana a kansa, wanda bai bar addinin kakanninsa ba har ya mutu, ya ba su fili a bakin ruwa suka gina masallacin katako. Ya kuma sa aka rubuta musu alkawari a kan farantin tagulla cewa duk wanda ya shiga unguwar masallaci ya furta shahada, ya shiga inuwar laimar sarki, babu mai fitar da shi.

Wajibi ne a bayyana wata al'ada tun yanzu, domin a kanta al'amarin ya rataya. A ƙasashen nan mutane hawa-hawa ne tun daga haihuwa. A sama akwai masu tsaron ɗakunan bauta, sai sarakuna da mayaƙansu da ake kira Nayar, can ƙasa kuma akwai Ceruma, bayin fadamar shinkafa, waɗanda ake sayar da su tare da gonar da suke nomawa. Baceruma ba ya kusantar mai asali fiye da taku sittin da huɗu. In yana tafiya a hanya sai ya riƙa kururuwa don a san yana tafe, in ya hango babba sai ya kauce ya faɗa cikin laka. Idan ya ƙetare wannan iyaka, ko ya taɓa mutum, to mutumin ya ƙazantu: ba ci, ba sha, ba shiga gida sai ya nutse cikin ruwa har kansa. In tukunya ya taɓa, a zubar da abincin a fasa ta. Amma a Nelliwaram, tun ranar da aka rubuta farantin nan, wanda ya musulunta ya fita daga ƙidayar taku.

Sarkin Ruwa Pokker, wato Abubakar a bakin mutanen gaɓar, shi ke riƙe da jiragen yaƙin masarautar guda goma sha biyu, domin Nayar ba sa hawa teku. Shekara ashirin da biyu da suka wuce sunansa Catan, bawa ne a gonakin Wettamala, babbar masarautar tudu. Ya gudo shi kaɗai yana saurayi. A daminar wannan shekara mutum ɗari huɗu da goma sha biyu suka biyo sawunsa, cikinsu har da mahaifiyarsa, tsohuwar da ta zaɓi sunan Biyatu ranar da ta yi shahada. Saboda su ne manzon Wettamala ya sauka a fada.

Da hantsi Sarki Rayiru ya fito ya zauna ƙarƙashin farar laima. Waziri Komappan na dama da shi, Alƙali Salim, jikan mutanen Hadramautu, na hagu, Sarkin Ruwa kuma na tsaye inda ya saba, taku biyar daga gadon sarauta. Aka buga tambari. Manzo Itti Nambi, wanda yake cikin masu tsaron ɗakin bauta, ya taho har bakin zaure ya tsaya cik.

Ya ce, “Tamburan,” domin haka ake kiran sarki a can, “ina ɗauke da maganar babban sarki, amma ba zan shiga da ita inda Baceruma yake tsaye ba. Wancan mai jan rawanin, ai Catan ne ɗan Ciruta, daga gonakin gidan Sarkin Yaƙinmu. A mayar da shi inda aka ajiye irinsa.”

Pokker ya ji zafin maganar, amma abin da ya fi damunsa shi ne sunan. Mutum biyu kaɗai a fadar Nelliwaram suka san tsohon sunansa da na mahaifiyarsa: Alƙali, wanda ya karɓi shahadarsu, da Waziri, wanda ake kai wa sunan duk baƙon da ya zauna. Ya dubi Alƙali ya ga hawaye na fushi a idonsa. Ya dubi Waziri ya ga yana gyara zobensa.

Sarki ya auna al'amarin. Mutum ne mai adalci, amma yana da Nayar dubu biyu, maƙwabcinsa kuma yana da dubu takwas. Daga ƙarshe ya ce a hankali, “Sarkin Ruwa, ka yi haƙuri, mu ji abin da ya kawo.”

Pokker ya sunkuya, ya juya, ya fita. Ƙafafunsa suka ƙidaya da kansu, kamar shekarun nan ba su shige ba. A taku na sittin da huɗu ya tsaya tsakiyar farfajiya cikin rana, ya juyo ya harɗe hannuwansa.

Manzo ya shiga ya faɗi saƙonsa da murya mai sanyi. Sarkin Wettamala yana son bayinsa ɗari huɗu da goma sha biyu kafin kwana bakwai, ɗaure a igiya, a mashigin kogin Nelli. Shahadar da suka yi ba ta sauya komai ba, domin hula ba ta wanke jini, kuma Baceruma Baceruma ne ko da ya haddace littafin Larabawa. In aka ƙi, Sarkin Yaƙi Candu zai sauko da dubu takwas ya ɗauke su da kansa, ya ƙona masallacin da aka ɓoye su. Da ya gama ya nemi a nuna masa tafki, ya ce iskar farfajiyar ta taɓa shi, ba zai iya sa komai a baki ba sai ya yi wanka.

Bayan fitarsa Waziri Komappan ya miƙe. “Tamburan, mai farar laima, ubangijin bakin kogi. Duk wanda ya shigo fada yau ya ga abin da ya faru a matakala: shirwa ta jefo kifi mai rai a gaban ƙofa. Masanin taurari ya watsa wuri ya duba, ya ce alama ce ta wanda ya ɗauki abin da ba nasa ba. Kakanka ya yi alkawarin nan ne domin fatake masu kawo arziki, bai yi shi domin bayin wani ba. Za mu zubar da jinin 'ya'yan manya saboda masu kwana a laka? A mayar da su, gari ya zauna lafiya.”

Alƙali Salim ya ɗaga farantin tagulla da hannu biyu. “Tamburan, na karanta rubutun nan tun ina yaro, ban ga inda aka ce ban da bawa ba. Addininmu ya tsallako teku ne saboda ba ya tambayar mutum wa ya haife shi kafin ya tsaya a sahu. In aka fitar da waɗannan yau, gobe kowane masunci a gaɓar nan zai san cewa laimarka tana yoyo.”

Sai murya ta taso daga farfajiya, muryar mutumin da ya saba magana da jirgi goma sha biyu cikin hadari.

“Tamburan! A yi mini izini daga nan, tunda nan aka ajiye ni!”

Sarki ya ɗaga hannu.

“Waziri ya yi maganar shirwa. Ban san taurari ba, amma na san shirwa, domin kullum tare muke kamun kifi. Ba ta sakin kifi don tausayi ko don sanin haƙƙi. Tana saki ne in ta ɗauki wanda ya fi ƙarfin faratanta. Sarkin Wettamala ne ya miƙo farce, ba kai ba. Mutanen nan sun yi tafiyar kwana tara cikin ruwan sama, sun binne yara uku a hanya, saboda sun ji an ce akwai garin da mutum ke tafiya a tsakiyar hanya bai yi kururuwa ba. Uwata tana cikinsu. Na rantse da wanda ya halicci Waziri da ni daga ƙasa ɗaya, ba za a sa mata igiya ina numfashi ba. In Nayar ɗinka sun yi tsada, ka riƙe su. Ka ba ni mashigin kogi kawai.”

Waziri ya yi murmushi. “Da wa za ka tsare shi? Da masu lauje?”

“Da su, ranka ya daɗe. Kai ma shinkafar da ka ci da safe su suka yanko ta.”

Wasu daga cikin fadawa suka sunkuyar da kai don kada a ga dariyarsu. Sarki bai yi dariya ba. Ya ce, “Ga hukuncina. Ba zan karya rubutun kakana da hannuna ba, ba kuma zan jefa dubu biyu cikin bakin dubu takwas ba. Ranar da Candu ya iso, mashigin naka ne, Sarkin Ruwa, daga fitowar rana zuwa faɗuwarta. Nayar ɗina za su tsaya bayan ganuwa. In rana ta faɗi rundunarsa na tsaye, Waziri zai fita da igiya, kuma ba zan hana shi ba.”

Pokker ya sunkuya. Sa'an nan ya ƙara da ƙarfi, yana kallon Waziri, cewa zai tura jiragen duka tsibiran arewa neman gudummawa, tafiyar kwana goma, ko da ba za su dawo a kan lokaci ba. Ya faɗi haka ne domin ya san kunnen da zai kai maganar nan Wettamala.

A gaskiya, ban da wannan, a lokacin ba shi da wata dabara. Ya sauka unguwar masallaci, ya tarar da mahaifiyarsa a inuwar kwakwa tana tuƙa kunun shinkafa a babbar tukunya, jama'a na layi da ƙoƙunan kwakwa. Labari ya riga shi isowa.

Ta ce, “An ce sun fitar da kai rana.”

“Sun fitar da ni, Umma.”

“Ka ƙidaya?”

“Ban so ba, ƙafata ce ta ƙidaya.”

Ta yi tsaki ta miƙa masa ƙoƙo. “Rawanin nan naka ya fi kanka girma, amma ƙafar ta gidanmu ce. Shi kuma manzon nan mai farin mayafi, an ce ya tafi wanka?”

“Tun kafin ya sha ruwa.”

“Ai sai ya yi. Su ba su san wasa ba a wannan.” Ta ci gaba da tuƙi. “Ba ka tuna uban Candu ba, kana goye a lokacin. Aladen daji ya farke masa cinya a farauta, mutanensa suka watse. Ubanka da wasu uku suka ɗauko shi a kafaɗa tun daga dawa. Yana kukan ƙishirwa, leɓensa ya tsage. Matarsa ta fito da ruwa a kofin azurfa, ya kawar da kai, ya ce Ceruma sun taɓa shi, sai an tsoma shi a tafki. A kan matakalar tafkin ya mutu, ruwa na gabansa. Washegari aka yi wa ubanka bulala saboda ya taɓa shi.”

Pokker ya tsaya da ƙoƙon a hannu bai kai baki ba. “Umma, in mutum dubu takwas ne aka taɓa fa?”

“Su dubu takwas ɗin za su nemi ruwa.”

“Da takubbansu?”

“Ka taɓa ganin mai nutso da garkuwa?” Ta dube shi da kyau. “Sha kunun nan, ka fara kama da mai tunani.”

Bayan sallar la'asar ya tara mazan, su ɗari biyu da tamanin, a harabar masallaci. Bai ɓoye musu komai ba. Ya ce ba ya son su ci Nayar da yaƙi, domin ba za su iya ba. Yana son su ratsa cikinsu, su rungumi wanda suka samu, su shafa musu laka, su kai ga tukwanen abinci su tsoma hannu, sa'an nan su juyo. Ya ce da yawa ba za su dawo ba, kuma wanda ya ƙi babu laifi a kansa.

Wani dattijo mai ido ɗaya da ake kira Biran ya ce, “Sarkin Ruwa, mutuwa ba ta ba mu tsoro, mun saba ganinta. Amma shekara hamsin in na ga Nayar ƙafata baya take yi. Ba ta san hanyar gaba ba. Ina tsoron ta kunyata ni.”

Pokker ya ce, “Tawa ma ta kunyata ni yau, Baba. Zan ƙidaya muku. Ku saurari muryata, kada ku saurari ƙafafunku.”

Washegari jiragen suka buɗe filafilai suka fita teku a gaban kowa, suka nufi arewa. Da suka ɓace wa ido sai suka juya suka laɓe bayan wani tsauni da ya shiga teku, tafiyar sa'a biyu daga bakin kogi. Pokker ya bar wa mataimakinsa umarni guda. Sau biyu a yini teku kan cika ya turo kogi baya, har jirgi ya iya haurawa inda ake tsallakawa da ƙafa da safe. A rana ta bakwai cikar za ta zo da la'asar, tare da iskar teku. Su biyo ta.

Rundunar Wettamala ta iso a rana ta bakwai, rana na tsaka. Sun taso tun asuba ba su karya ba, domin al'adarsu ce a dafa a masauki. Suka cika gaɓar tudu, garkuwoyinsu na jan fenti na walƙiya, masu dafuwa suka jera tukwane a bayansu suka hura wuta. A gaɓar gari babu kowa sai mutum ɗari biyu da tamanin, tsirara daga ƙugu zuwa sama, sun shafe jikinsu da baƙar laka, riƙe da garkuwar gora da lauje da tarun kifi. Dariyar Nayar ta tsallako kogi.

Pokker ya jira har ƙamshin shinkafa ya iso, alamar ta kusa nuna. Ya cire jan rawaninsa ya rataye a reshe, ya ɗebi laka ya shafa a ƙirjinsa kamar kowa. Suka ratsa mashigin, ruwa iya gwiwa. Da suka hau gaɓa sai sahun ya tsaya da kansa, babu wanda ya ba da umarni. Ya duba tsakaninsu da garkuwar farko, ya gane inda suka tsaya: taku sittin da huɗu. Biran na gefensa.

Pokker ya ɗaga ƙafa ya ajiye. “Sittin da uku!”

Babu wanda ya motsa.

“Sittin da biyu! Baba Biran, kai nake jira!”

Dattijon ya rufe idonsa guda ya taka. Na kusa da shi ya taka. A hamsin suna tafiya, a arba'in suna amsa ƙidayar da baki ɗaya, a talatin kibau suka fara sauka amma ƙidayar ba ta yanke ba. Nayar suka daina dariya. Ba su taɓa ganin Baceruma yana tahowa ba, kuma jikinsu ya yi abin da aka koya masa tun yarinta: sahun gaba ya ja da baya don kada a taɓa shi, ya faɗa kan na bayansa. A goma aka yi kabbara, sauran takun ba a ƙidaya su ba.

Abin da ya biyo baya bai kai lokacin da ake ɗauka a yi sallar azahar ba. Suka jefa taru a kan masu takobi, suka rungumi wuya da ƙugu, suka watsa laka a fuska da mayafi. Da Nayar suka farfaɗo suka fara sara, kuma sun iya sara. Amma kafin nan an ratsa su. Pokker ya ga Biran ya isa babbar tukunyar Sarkin Yaƙi da mashi a bayansa, ya tsoma hannu biyu cikin shinkafa mai tafasa, ya juyo yana dariya, sa'an nan ya faɗi. Aka busa ƙahon komawa. Waɗanda suka rage suka watsu cikin sansanin ta kowace fuska, suna taɓa duk abin da hannu ya kai, suka faɗa kogi. Mutum ɗari biyu da tara suka hau gaɓar gari.

Pokker ya hau bishiyar kwakwa, jini na bin hannunsa na hagu, ya zuba ido. Daga nan al'amarin ya fita daga hannunsa, kuma wannan jiran ya fi masa saran takobi zafi. In Candu ya tsallako yanzu, komai ya ƙare.

Candu kuwa ba wawa ba ne. Fursunoni sun ba da labari daga baya cewa ya zare takobi ya ce a tsallaka nan take, a ci abinci a cikin gari. Sai Itti Nambi ya sha gabansa. Ya ce rundunar ta ƙazantu, wanda ba a taɓa ba ya taɓa wanda aka taɓa, kuma duk wanda ya mutu a haka ya mutu cikin ƙazanta. Candu ya ce ai mutanen sun musulunta, a gaɓar nan taɓin Musulmi ba ya kai haka. Manzo ya ce, “Maimaita a gaban runduna. In Musulmi ne, to me muka zo ɗauka? Ni na tsaya a fadar Rayiru na ce Ceruma ne, da bakin sarkinmu na faɗa. Kai za ka ƙaryata shi?” Ya ƙara da cewa babu abin tsoro: yana da tabbaci daga cikin fada cewa jiragen suna arewa, Nayar ɗin gari kuma ba za su fito ba.

Candu ya yi umarni a yi wankan kashi uku, kashi biyu na gadi. Amma mutanen sun wuni da yunwa, ƙishirwa na cinsu, ruwa na gabansu, kuma babu mai iya kurɓa sai ya nutse. Wanda ya yi wanka ba zai koma kusa da wanda bai yi ba. Kashi na biyu bai jira na farko ya fito ba, na uku ya bi. Daga kan bishiya Pokker ya ga jajayen garkuwoyi na taruwa tsibi-tsibi a kan yashi, kogin ya cika da kawuna. Ya dubi wani icce da ya kafa a bakin ruwa da safe. Ruwa ya haura shi da taƙi ɗaya, kuma ganyayen da ke bin kogi zuwa teku sun tsaya, sun fara komawa baya.

Jiragen suka ɓullo daga kwanar kogi a jere, filafilai cike da iska, maharba a kowane gefe. Suka shiga tsakanin masu wanka da gaɓar da makamansu suke. Inda ruwa yake iya gwiwa da rana yanzu ya kai ƙirji. Mutum dubbai suka tsaya cikin ruwa hannu wofi suna kallon bakin kibau. Waɗanda suka riga suka fito kan tudu suka yi ƙoƙarin ɗaukar makami, masu jirgi suka dira a kansu. A lokacin ne aka ji tambarin gari, ƙofa ta buɗe, farar laima ta fito da Nayar dubu biyu a bayanta. Sarki Rayiru ya ga inda nasara ta karkata, kuma rana ba ta faɗi ba.

Aka kafa laima a gaɓa, aka kawo Candu da Itti Nambi. A cikin jakar manzon aka sami ganyen giginya da aka yi rubutu a kai, ɗauke da sunaye da labarin jirage, da hatimin zoben Waziri. Sarki ya karanta ya miƙa wa Komappan ba tare da ya dube shi ba. Igiyar da Waziri ya tanada don mutum ɗari huɗu, da ita aka ɗaure shi.

Sarki ya ce, “Ina Sarkin Ruwa?”

Pokker ya taho da laka da jini a jikinsa, ya tsaya inda ya saba, taku biyar.

“Matso.” Ya matso. “Ƙara.” Sarki ya miƙa hannu ya kama nasa a gaban rundunoni biyu. “Ni na fitar da kai rana. A rubuta ƙarƙashin rubutun kakana cewa ba za a sake ba.”

Pokker ya ce, “Tamburan, a rubuta sunaye saba'in da ɗaya tare da shi. Na farko Biran. Su suka saye shi.” Sarki ya ce a rubuta.

Candu na zaune a kan yashi, kibiya ta ratsa kafaɗarsa. Shi kaɗai a rundunarsa bai shiga ruwa ba, domin ya tsaya gadi har ƙarshe, don haka tun asuba babu abin da ya wuce maƙogwaronsa. Leɓensa ya tsage. Matan unguwar masallaci sun sauko da tuluna suna shayar da masu rauni, sai wata tsohuwa ta ware daga cikinsu da ƙoƙon kwakwa a hannu. Pokker ya ga mahaifiyarsa ta taho, ta tsaya cik a wani wuri da babu alama, ta dubi ƙafafunta. Ya buɗe baki zai ƙidaya mata.

Ta ce, “Rufe bakinka, ni na koya maka ƙidaya.”

Ta taka da kanta, a hankali, har inuwarta ta rufe fuskar Sarkin Yaƙi. Ya ɗago ya gane ta.

“Ciruta,” in ji shi.

“Biyatu. Na ga inda ubanka ya mutu, ruwa na gabansa.” Ta miƙa ƙoƙon har ya kusa taɓa leɓensa. Itti Nambi ya yi tsawa daga inda yake ɗaure, babu wanda ya waiwaye shi. Candu ya dubi ruwan, ya dubi hannun da ke riƙe da shi, maƙogwaronsa na motsi.

Tsohuwar ta ce, “Ka sha ko kada ka sha, wannan naka ne. Ni dai ba zan koma baya ko taku ɗaya ba.”

Ya sunkuyar da kai ya sha.